Tarihin Lambobin Da Ke Jikin Sunan Fim

Kwanakin baya na biya kuɗi aka tura mini wani fim a waya. Da na kunna shi sai na ga hoto dishi-dishi, ga kawunan mutane suna gilmawa, ga tarin wani ɗan kallo. Ashe a ƙarshen sunan fim ɗin an rubuta CAM, watau a cikin gidan sinima aka ɗauko shi da kyamara a ɓoye. Rashin sani ya fi dare duhu. Wannan ya sa na bi sawun waɗannan alamomi, tun da waiwaye adon tafiya ne.

A shekarar 1976 kamfanin JVC na Japan ya fito da kaset na VHS, kuma a kansa aka yi Turmin Danya a Kano a 1990. Sai faifan VCD ya zo a 1993, mai layukan hoto 288 kacal a irin talabijin ɗinmu. DVD ya biyo baya a 1996 da layi 576, sa'an nan Blu-ray a 2006 da layi 1080. To, in ka ga 720p ko 1080p, yawan layukan ke nan daga sama zuwa ƙasa. Harafin p yana nufin ana zana layukan duka a jere. In i ne, ana tsallake ɗaya a zana ɗaya, kana a dawo a cike gurbin.

DVDRip da BluRay da WEB-DL kuwa asalin fim ɗin suke faɗa, ko daga faifai ya fito ko daga intanet. Saura x264 da x265, waɗanda ke nuna dabarar da aka bi aka matse shi. Ta farko tana bin ƙa'idar H.264 ta 2003, ta biyu tana bin H.265 ta 2013, wadda kan rage nauyin fim da kusan rabi ba tare da hoton ya lalace ba, sai dai tsofaffin na'urori ba sa iya buɗe ta.

Amma fa, 'yan'uwana ɗalibai, ba girin-girin ba, ta yi mai. In an matse fim mai 1080p fiye da kima, mai 720p da aka bar masa nauyinsa ya fi shi kyan gani. Saboda haka ni yanzu kafin in miƙa kuɗina, asali nake fara dubawa, sa'an nan nauyi, lamba ta zo daga baya.