Liz Smith, jarumar da sa'arta ta zo da furfura

Liz Smith na gab da cika shekara 50 lokacin da Mike Leigh ya ba ta rawa a fim ɗin Bleak Moments na 1971. Kafin nan, kayan wasan yara take tallatawa a kantin Hamleys na Landan, bayan ta sha wahalar renon 'ya'ya biyu ita kaɗai. A wancan zamani, mace mai irin shekarunta ba ta samun komai a finafinan Ingila sai matsayin uwa, kaka ko maƙwabciya. Smith ba ta raina waɗannan ƙananan gurabe ba. Da su ta ci kyautar BAFTA a fim ɗin A Private Function, da su kuma ta shiga gidajen Ingilawa a matsayin kaka cikin shirin The Royle Family na BBC, daga 1998 zuwa 2006. Ta rasu a 2016, tana da shekara 95.