Neman Kariyar 'Yan Sanda ta Hanyar Kotu Yayin Rikicin Kasuwanci: Nazari daga Kwanyawa, Ƙasar Karaye da Rogo

Tsakure

Wannan maƙala ta duba hanyoyin da doka ta buɗe wa ɗan kasuwar da rikicin ciniki ya jawo masa barazana. An nazarci Kundin Tsarin Mulkin 1999, da Final Kod, da Dokar 'Yan Sanda ta 2020, da hukunce-hukuncen manyan kotuna, aka auna su da yanayin Kwanyawa. Nazarin ya gano cewa mai neman kariya ba ya samun biyan buƙata sai ya raba maganar bashi da maganar barazana.

Gabatarwa

Kwanyawa mazaɓa ce a Ƙaramar Hukumar Karaye, wadda ita da Rogo suka haɗu a Masarautar Karaye mai daraja ta biyu tun 2024. Arzikin yankin noma ne: masara da dawa da damina, sai noman rani a kewayen madatsar ruwan Challawa. Galibin ciniki da baki ake ƙulla shi. Ɗan kasuwa ya ba manomi kuɗin taki kan alƙawarin buhuna da kaka, dillali ya ɗauki kaya sai ya sayar ya biya. Hausawa sun ce bashi hanji ne, yana cikin kowa. Matsalar tana tasowa ne idan biya ya gagara, har wani ya ce zai ƙona rumbun wani ko ya tare shi a hanya.

Matsayin Doka

Sashe na 32(2) na Dokar 'Yan Sanda ta 2020 ya hana kama mutum saboda saɓa yarjejeniya kawai. Tuni Kotun Ɗaukaka Ƙara ta bayyana, a shari'ar McLaren da Jennings, cewa karɓo bashi ba aikin ɗan sanda ba ne. Amma barazana laifi ce mai zaman kanta. Sashe na 396 da na 397 na Final Kod sun tanadi ɗaurin da zai iya kai shekara 2 ga mai tsoratarwa, ko shekara 7 idan barazanar ta kisa ce, ko mummunan rauni, ko ƙona dukiya.

Hanya uku ke gaban wanda ake yi wa barazana. Ta farko, ƙorafi a caji ofis ko kai tsaye gaban majistare. Ta biyu, roƙon kotu ta sa mai barazanar ya sa hannu kan takardar alƙawarin zaman lafiya, tare da mai tsaya masa, ta yadda in ya saɓa za a ci shi kuɗin da aka yanka. Ta uku, ƙara a Babbar Kotu bisa sashe na 46 na Kundin Tsarin Mulki, wanda ya ba mutum damar kai kuka ko da haƙƙinsa na rayuwa bai kai ga taɓuwa ba, muddin akwai alamar za a taɓa shi. Ƙa'idojin 2009 na kare haƙƙin ɗan Adam sun ba alƙali ikon yin umarni na wucin gadi kafin a saurari ɗaya ɓangaren.

Sakamakon Bincike

Hanya ta uku ta fi ƙarfi a takarda, amma ta fi nisa ga mutumin Kwanyawa, domin tana buƙatar lauya da takardar rantsuwa da kuɗin zirga-zirga. Haka kuma, a shari'ar Fawehinmi da Sufeto Janar ta 2002, Kotun Ƙoli ta tabbatar da cewa 'yan sanda na da ikon auna abin da za su bincika. Saboda haka ya fi sauƙi kotu ta ɗaure hannun mai barazana da ta girke ɗan sanda a ƙofar shagon mai ƙara. Hanya ta biyu ce ta fi dacewa da karkara, domin mai tsayawa yakan zama ɗan'uwa ko dattijon gari da zai riƙa tsawatarwa.

Akwai kuma haɗarin da ya wajaba alƙalai su lura da shi. Wanda ake bi bashi na iya fakewa da kukan barazana don ya kori mai bin sa, kamar yadda mai bin bashi ke iya amfani da caji ofis don ya tursasa. Hujja ce ke warware wannan: shaidun da suka ji da kunnensu, da saƙon waya, da muryar da aka naɗa.

Kammalawa

Maƙalar na ba da shawarar cewa dagatai da shugabannin kasuwa su riƙa rubuta yarjejeniya gaban shaidu, su yi sulhu kan kuɗi, amma kada su danne maganar barazana ga rai da sunan sasanci. Bashi ya tafi zauren sulhu ko kotun farar hula, barazana kuwa a kai ta gaban hukuma tun ranar da aka furta ta.