Takobi Ko Filafili? Nazarin Fim Ɗin "300: Rise of an Empire"

Fim ɗin "300: Rise of an Empire" ya fito a 2014, Noam Murro ne ya ba da umarni, Zack Snyder kuma yana cikin marubutansa. Labarinsa ya ginu kan yaƙe-yaƙen ruwa biyu da aka gwabza tsakanin Girkawa da Farisawa a shekara ta 480 kafin haihuwar Annabi Isa, wato na Artemisiyum da na Salamis. Wannan nazari zai duba yadda salon fim ɗin ya sauya ma'anar nasarar da yake ba da labarinta.

Ta fuskar salo, kusan komai an ƙera shi ne da kwamfuta. Teku baƙi ƙirin, sama a murtuke, jini yana tsartuwa a hankali duk lokacin da aka rage gudun hoto. Irin wannan salo yana buƙatar jiki da fuska, shi ya sa kyamara ke manne da Sullivan Stapleton, wanda ya fito a matsayin Temistokilis, jagoran Atina, yana tsalle daga jirgi zuwa jirgi da takobi, har ma ya hau doki a tsakiyar jiragen.

Tarihi kuwa ya nuna wani abu daban. Makamin Girkawa shi ne jirgi mai hawa uku na matuƙa, kimanin mutum 170 a kowane jirgi, da wani ƙahon tagulla a goshinsa don huda cikin jirgin abokan gaba. Gwanintar tana ga haɗa hannu wajen ja da filafili. A Atina, akasarin matuƙan nan talakawa ne 'ya'yan gari. Temistokilis ya shawo kan mutanen birnin su zuba azurfar ma'adinan Lauriyon wajen ƙera jirage, sannan ya aika wa Sarki Zaksis na Farisa saƙon yaudara, ya jawo rundunarsa cikin matsattsen mashigin Salamis, inda yawan jirage ya zame mata ƙarfen ƙafa. Dabara da gumin talaka ne suka ci yaƙin, amma fim ɗin ya miƙa ladan ga jarumi guda.

Haka aka yi wa Artemisiya. Eva Green, wadda ta fito a matsayinta, ta fi kowa armashi a fim ɗin, sai dai an mai da Artemisiya kwamandar dukkan jiragen Farisa, mai neman fansa, wadda Temistokilis ya kashe. A ruwayar masanin tarihi Hirodotus, sarauniyar Halikarnasus ce da ta zo da jirage biyar, ta shawarci Zaksis da kada ya yi yaƙi a Salamis, kuma ta tsira da ranta. Sarki Dariyus na Farisa ma bai halarci yaƙin Maraton ba, balle kibiyar Temistokilis ta same shi kamar yadda fim ɗin ya nuna. Isowar Sarauniya Gogo ta Sparta da rundunar ceto a Salamis ita ma ƙirƙira ce, domin jiragen Sparta 16 suna wurin tun farko.

Ba a hana mai fim ƙara gishiri. Matsalar ita ce fim ɗin yana ta ambaton 'yanci da dimokuraɗiyya, alhali ya ture talakawan da nasarar Salamis ta ƙara wa murya a siyasar Atina zuwa bayan fage. Mai neman nishaɗi zai samu. Mai neman sanin dalilin da ya sa Farisa ta sha kaye sai ya koma ga Hirodotus.