Yadda Kwarin Lambuna Ya Zama Kwarin Silikon

A yammacin ƙasar Amurka, cikin Jihar Kalifoniya, kudu da birnin San Faransisko, akwai wani kwari da ake kira Santa Kilara. A da can ba a san shi da kome ba sai lambuna. Aikin mutanensa shi ne tsinkar 'ya'yan itatuwa, a shanya waɗansu, a cika gwangwani da waɗansu.

Mafarin sauyin kuwa daga Jami'ar Stanford ya fito. Wani malaminta, Frederick Terman, ya lura ɗalibansa da sun gama karatu sai su nufi gabas neman aiki, saboda haka ya dinga ba su shawara su zauna su kafa sana'ar kansu. Biyu daga cikinsu, Hewlett da Packard, suka fara a wani ɗan gareji a Palo Alto cikin 1939. A 1951 jami'ar ta keɓe fili tana bai wa kamfanoni haya, gwamnati kuma tana sayen kayansu domin aikin soja.

Cikin 1956 William Shockley, ɗaya daga cikin waɗanda suka ƙago tiransista, ya buɗe ma'aikatarsa a nan. Mutum ne mai ilmi, amma mai wuyar zama. Shekara na kewayowa mutum takwas suka bar shi, suka kafa Fairchild Semiconductor, suna ƙera ƙananan sassan lantarki da silikon, watau sinadarin da ake samu daga yashi. Daga cikinsu ne Noyce da Moore suka fita suka kafa Intel a 1968. A 1971 sunan Kwarin Silikon ya fito a jarida.

To, a nan asirin yake. Dokar Kalifoniya ba ta yarda maigida ya hana yaronsa barin aiki ya kama irin sana'arsa ba. Don haka kamfani ya riƙa haifar kamfani, masu kuɗi suna zuba jari. Aka kafa Apple a 1976, Google kuma a 1998. Birnin San Hose, wanda bai cika mutum 100,000 ba a 1950, ya haura 900,000 a 2010.

Amma kowa ya ci zomo ya ci gudu. Aka sare lambunan, gidaje suka yi tsada har malaman makaranta da leburori da yawa suka koma nesa da wurin aikinsu. A 1981 kuma aka gano sinadaran masana'anta sun ɓata ruwan rijiyoyi a San Hose.

Mai karatu ya lura, arzikin nan ba daga ƙarƙashin ƙasa aka haƙo shi ba. Daga makaranta ya fito, da kuma sakin almajiri ya tsaya da ƙafarsa.