Waiwaye Adon Tafiya: Gida, Tunani da Tarihinmu

Duk sa'ad da muka komo Kankia ko Kusada hutun Sallah, mukan tarar zauren da muka tashi a cikinsa ya ƙanƙance, kududdufin da muka ɗauka tafki ne kuwa ashe ramin ɗibar ƙasar gini ne. Da idon ƙuruciya muka auna su, shi ne kuma ma'aunin da muka tafi da shi birni.

Haka zuciya take yi wa shekaru. Da yawanmu kan dunƙule canjin hannu da canjin kuɗi da babban fari cikin shekara guda. Alhali kuwa an koma tuƙi ta hannun dama a Afrilun 1972, naira ta maye gurbin fam a Janairun 1973, fari kuma ya tsananta a daminar 1973. Wanda aka haifa a nan cikin 1960 ya zauna a Jihar Arewa, da Jihar Arewa ta Tsakiya daga 1967, da Jihar Kaduna daga 1976, da Jihar Katsina daga 1987, bai ko bar ƙofar gidansu ba. Ina abin mamaki idan lissafi ya cakuɗe masa?

Ga shi dattawanmu suna ƙarewa, gara kuma ba ta jin kunyar takarda. Ya wajaba mu zauna da waɗanda suka rage, mu rubuta abin da suka faɗa, sa'an nan mu gwada shi da rajistar makarantu da tsofaffin takardun haraji, domin 'ya'yanmu na birni su gaji tarihi ingantacce. Allah ya jiƙan magabatanmu.