Sana'ar Sassaƙa a Mubi: Itatuwa, Kayan Aiki da Yadda Ake Gane Mai Kyau

Sassaƙa ita ce sana'ar sarrafa ice a fitar da kayan noma da na gida. Ni ɗan Mubi ne a jihar Adamawa, mahaifina fataucin shanu yake yi zuwa kudu, kuma a kara na fara sanin darajar masassaƙi. Na ga an kawo bijimin huɗa lafiyayye, amma karkiya mai kaushi ta ci masa wuya har ya yi gyambo. Nan take masu saye suka karya kuɗinsa.

Kayan aikin masassaƙi ba su da yawa. Da gatari yake saran ice, da gizago yake fitar da siffa, sai wuƙa ta gyara. In za a saka ruwan fartanya, maƙeri ne ke gasa tsinin ƙarfen ya yi ja, ya huda kan ƙota da shi.

Kowane ice da aikinsa. Ƙirya tana da tauri da nauyi, gara ba ta cinta da wuri, shi ya sa ake turmi da taɓarya da ita. Marke da aduwa ana ƙotar fartanya da ta gatari da su. Ƙota mai kyau daga reshe mai gwiwa ake cirota, domin lanƙwasar da ice ya taso da ita ba ta saurin karyewa. Ita kuwa karkiya ba a so ta yi nauyi sosai, kuma dole a goge inda za ta zauna a wuyan sa sumul.

'Yan uwa da ke Agege, Sabo Ibadan ko Lokpanta, in za ku yi saƙon turmi ko ƙota daga gida, ku kula da abu uku. Icen ya bushe, don ɗanye tsagewa yake in ya sha iska. Ku duba ƙananan ramuka masu fitar da gari, alamar ƙwaro ce. Sannan a ɗaga a ji nauyi, turmin ƙirya ba ya ɓuya a hannu.

Babbar matsalar yau ita ce ƙarancin ice. Ƙirya da marke su ne kuma masu gawayi suka fi nema, ga shi ƙirya ba ta saurin girma. Yanzu sai masassaƙi ya yi nisa cikin daji kafin ya samu gungume mai kauri, wasu har sun koma darbejiya. Saboda haka in an faɗa maka kuɗin turmin ƙirya ka ji ya yi tsada, ka tuna da wannan kafin ka taya. Allah ya sa wa sana'a albarka.