Masu Zanen Fage a Siliman Jamus

A farkon zamanin silima, aikin mai shirya fage galibi shi ne ya kwaikwayi ɗaki ko titi yadda ido ya saba gani. A 1920 Robert Wiene ya fito da fim ɗin Dakta Caligari a Jamus, ya saɓa wa wannan al'ada. Masu zane uku, Hermann Warm da Walter Reimann da Walter Röhrig, suka gina garin labarin da kyalle da takarda a Balin. Bango a karkace, tagogi a jirkice, har inuwa ma da fenti aka zana ta. Da gangan aka yi haka, kuma mai ba da labarin mahaukaci ne. 'Yan kallo sun yi ta ganin gari da idonsa tun kafin a bayyana musu ciwonsa a ƙarshe.